Richard Curtis

Richard Whalley Anthony Curtis marubucin wasannin barkwanci ne na talabijin da finafinai, ɗan ƙasar Birtaniya, wanda aka haifa ranar 8 ga Nuwamba, 1956. Yana cikin waɗanda suka rubuta shirye-shiryen ban dariya guda uku da suka yi fice a ƙasarsa, wato Blackadder da Mr. Bean da The Vicar of Dibley. Shi ne kuma ya rubuta finafinai irin su Four Weddings and a Funeral da Notting Hill da Love Actually. Baya ga rubutu, da shi aka kafa gidauniyar Comic Relief a 1985, wadda ke amfani da barkwanci wajen tara kuɗin taimaka wa mabuƙata a Birtaniya da Afirka. Masu kallo da dama a ƙasar Hausa sun san Mista Bin farin sani, amma kaɗan ne suka taɓa jin sunan Curtis, domin aikin marubuci a bayan fage yake.

Haihuwa da karatu

An haifi Curtis a birnin Wellington na ƙasar Niyu Zilan. Mahaifinsa ɗan asalin Cekoslobakiya ne da ya yi gudun hijira zuwa Ostireliya tun yana yaro, daga baya ya zama babban ma'aikaci a kamfanin Unilever. Aikin kamfanin ya riƙa yawo da iyalin daga wannan ƙasa zuwa waccan, har suka zauna a Filifin da Suwidin. Richard yana ɗan shekara 11 lokacin da ya koma Ingila da zama. Ya yi makarantar Papplewick da ke Ascot, sannan ya ci jarrabawar samun tallafin karatu a Harrow, ɗaya daga cikin tsofaffin makarantun kwana na 'ya'yan manya, inda har ya zama shugaban ɗalibai. Daga nan ya wuce kwalejin Christ Church ta Jami'ar Oxford, ya karanci harshe da adabin Ingilishi, ya fita da digiri mai daraja ta ɗaya.

Haɗuwa da Rowan Atkinson

A Oxford ne ya haɗu da mutumin da za su shafe shekaru suna aiki tare, wato Rowan Atkinson, wanda a lokacin yake karatun digiri na biyu a fannin injiniyancin lantarki. Dukansu suna cikin ƙungiyar ɗalibai masu wasan kwaikwayo, kuma sun je bikin wasanni na birnin Edinbara tare a 1976. Da farko Curtis ma yana hawa dandamali, yana fitowa a matsayin kamilin mutumin da Atkinson zai riƙa yi wa shirme a gefe. Ba a jima ba ya gane cewa idon 'yan kallo duk a kan abokinsa yake, shi kuwa baiwarsa tana ga alƙalami. Sai suka raba aiki: ɗaya ya rubuta, ɗaya ya fito.

Bayan sun gama jami'a sun yi wa rediyon BBC wani ɗan gajeren shiri mai suna The Atkinson People. Ƙofar talabijin ta buɗe musu a 1979 da shirin Not the Nine O'Clock News, wanda ake nunawa a tashar BBC ta biyu daidai lokacin da tasha ta ɗaya ke karanta labaran ƙarfe tara na dare. Shiri ne na gajerun wasanni da ke yi wa 'yan siyasa da 'yan sanda da mawaƙa da ita kanta talabijin shaguɓe. John Lloyd ne furodusa, 'yan wasan kuma sun haɗa da Atkinson da Mel Smith da Pamela Stephenson da Griff Rhys Jones. Curtis yana cikin marubutan da aka fi dogara da su har shirin ya ƙare a 1982. A nan ya koyi abin da ya amfane shi har tsufa: wasan minti biyu ba ya ɗaukar dogon sharar fage, ko dai ya ba da dariya nan take ko a jefar da shi.

Blackadder

Tsarin wasan barkwancin talabijin a Birtaniya ya bambanta da na Amurka. A Amurka akan tara marubuta da yawa a ɗaki guda su fitar da kashi ashirin ko fiye a shekara. A Birtaniya kuwa mutum ɗaya ko biyu ne ke rubuta zango guda, kuma zangon yawanci kashi shida ne, kowanne na rabin awa, a ɗauka a situdiyo gaban 'yan kallo. Wannan ya sa ake jin muryar marubuci a cikin shiri, kuma idan shiri ya faɗi an san wanda za a kama.

Shirin farko da Curtis ya yi a wannan tsari shi ne The Black Adder na 1983, wanda suka rubuta tare da Atkinson. An kafa labarin a Ingila ta shekarar 1485, inda Atkinson ya fito a matsayin wani ɗan sarki matsoraci mai kwaɗayin gadon sarauta. An kashe kuɗi sosai wajen ɗaukar hoto a fadar Alnwick da ke arewacin Ingila, da dawakai da ɗimbin mutane, amma dariyar ba ta kai kuɗin ba. Michael Grade, wanda ya karɓi shugabancin tashar BBC ta ɗaya a 1984, bai amince a ci gaba ba sai da sharaɗin a rage kashe kuɗi a koma cikin situdiyo.

Wannan matsi ne ya gyara shirin. Atkinson ya bar rubutu, Ben Elton ya shigo ya zama abokin aikin Curtis. Tunda babu dawakai babu fada, sai ƙarfin wasan ya koma kan magana. Marubutan suka juya halayen taurarin: Edmund Blackadder ya zama mai wayo da kaifin harshe, wanda ba ya buɗe baki sai da baƙar magana, baransa Baldrick kuwa, wanda Tony Robinson ke fitowa a matsayinsa, ya zama ƙazamin dolo da kullum yake zuwa da dabarar da ba ta da kai ba ta da gindi.

Kowane zango yana ɗaukar wani jikan zuriyar Blackadder a wani zamani na tarihin Ingila. Zango na biyu, na 1986, a fadar Sarauniya Elizabeth ta Ɗaya yake, inda Miranda Richardson ta nuna sarauniyar a matsayin shagwaɓaɓɓiyar yarinya da ke iya sa a fille kan mutum don ranta ya ɓaci. Na uku, na 1987, ya koma farkon ƙarni na 19, Blackadder yana hadimin wani wawan yarima wanda Hugh Laurie ya fito a matsayinsa. Na huɗu, na 1989, a ramukan yaƙin duniya na ɗaya yake, a shekarar 1917. Abin lura shi ne yadda zuriyar ke gangarowa a muƙami: daga ɗan sarki zuwa bafade, daga bafade zuwa hadimi, daga hadimi zuwa kyaftin ɗin soja, alhali wayonta sai ƙaruwa yake. Jigon wasan ke nan daga zango na biyu zuwa ƙarshe, wato mai hankali a ƙarƙashin marasa hankalin da haihuwa ta ɗora a kansa. Marubutan ba su damu da daidaiton shekaru ba. A wani kashi na zango na uku sun kawo Samuel Johnson da ƙamus ɗinsa, wanda a zahiri ya fito tun 1755, suka sa Blackadder ya kwana yana ƙoƙarin sake rubuta shi daga farko saboda zaton Baldrick ya hura wuta da shi.

Kashi na ƙarshe, wanda aka nuna ranar 2 ga Nuwamba, 1989, shi ne aka fi tunawa. An ba da umarnin sojoji su fito daga rami su tunkari bindigogin Jamusawa. Kyaftin Blackadder, wanda ya shafe zangon gaba ɗaya yana neman hanyar tsira, sai ya kifa kamfai a kansa, ya cusa fensir biyu a hancinsa, wai don a ce ya haukace a mai da shi gida. Dabarar ba ta ci ba. A mintunan ƙarshe barkwanci ya riƙa raguwa, waɗanda aka saba yi wa dariya suka fara furta tsoronsu, aka busa usur, suka haura. Hoton da aka ɗauka na harin bai yi kyau ba, don haka a ɗakin tace hoto aka rage masa gudu, aka ɗora masa kiɗa mai sanyi, sannan aka narkar da filin dagar ya koma gonar jajayen furannin popi, irin waɗanda mutanen Birtaniya ke maƙalawa a ƙirji duk watan Nuwamba don tunawa da matattun yaƙi. Shirin ya yi tasiri a kan yadda mutanen ƙasar ke kallon wannan yaƙi, har ta kai a 2014 sakataren ilimi na lokacin, Michael Gove, ya ambace shi cikin ayyukan da yake zargi da nuna yaƙin a matsayin shirmen janar-janar kawai. Blackadder kashi 24 ne, ban da na musamman, kuma Curtis kaɗai ne marubucin da ke da hannu a kowane ɗaya.

Mista Bin

Wata biyu bayan ƙarewar Blackadder, ranar 1 ga Janairu, 1990, tashar ITV ta nuna kashin farko na Mr. Bean. Daga wasan da ya dogara kacokan a kan zafin harshe, Curtis da Atkinson sun koma wanda kusan babu magana a cikinsa. Atkinson ya fara ƙirƙirar halin Mista Bin tun suna Oxford, kuma ya yi koyi da ɗan wasan Faransa Jacques Tati. A 1987 ya gwada shi a wani bikin barkwanci a birnin Montreal na Kanada, ya nemi a sa shi gaban masu jin Faransanci don ya ga ko zai ba su dariya ba tare da harshe ba. Ya kuwa ba su.

Mai kallo zai iya ɗauka cewa wasan da babu magana ba ya buƙatar marubuci. Wasan jarrabawa da ke kashin farko ya nuna akasin haka. Mista Bin ya shigo ɗakin jarrabawar lissafi da tarin birurruka da 'yar tsana da agogo mai ƙararrawa, yana yi wa na kusa da shi fankama. Ya buɗe ambulan sai ya ga tambayoyin fannin da bai karanta ba. Daga nan ya shiga neman satar amsa: ya leƙa, ya zamo a kan benci, ya hura takardar maƙwabcinsa don ta juya, ya shige ƙarƙashin tebur. Saura minti biyu a tashi, mai sa ido ya yi sanarwar inda za a ajiye koriyar takarda da inda za a ajiye fara, sai a lokacin ya gane cewa takarda biyu ce a ambulan, kuma ta biyun ita ce fannin da ya kwana yana karantawa. Ya hau rubutu hannu na rawa, biro ya ƙi, ya fizge na maƙwabci, agogonsa ya kama kururuwa. Duk abin da aka ajiye a kan tebur tun farko sai da ya yi aiki a ƙarshe, kuma kowace dabara ta fi ta baya muni. Wannan jerantawa ita ce aikin marubuci.

Ben Elton ya taimaka a kashin farko, daga baya Robin Driscoll ya zama na ukunsu. Kashin farkon ya ci lambar zinariya a bikin shirye-shiryen talabijin na Montreux da ke Suwizalan a 1990. Gaba ɗaya kashi 15 kawai aka yi, na ƙarshe a watan Disamba na 1995, amma wani kashi na 1992 ya samu masu kallo sama da miliyan 18 a Birtaniya. Da yake ba ya buƙatar fassara, gidajen talabijin na ƙasashe fiye da ɗari sun saye shi, kuma har yau ana tura gutsattsarinsa a wayoyin hannu daga Kano zuwa Yamai. An yi fim ɗin Bean a 1997, wanda Curtis da Driscoll suka rubuta, aka kuma fara na zane a 2002.

Limamiyar ƙauyen Dibley

A watan Nuwamba na 1992 majalisar Cocin Ingila ta amince a naɗa mata limaman coci, aka kuma naɗa rukunin farko a birnin Bristol a watan Maris na 1994, bayan shekaru ana taƙaddama. Curtis bai bari batun ya huce ba. A watan Nuwamba na wannan shekarar BBC ta fara nuna The Vicar of Dibley, wanda ya rubuta musamman don 'yar wasa Dawn French, tare da taimakon Paul Mayhew-Archer. Labarin wani ƙaramin ƙauye ne da tsohon limaminsu ya mutu, suna jiran a turo musu namiji sai ga mace mai fara'a da son cakulan, mai suna Geraldine Granger. Barkwancin ya fi fitowa ne daga zaman kwamitin ƙauyen, inda kowa da irin tasa wautar. Shirin ya ci gaba jefi-jefi har zuwa ranar farko ta 2007. A ƙuri'ar da BBC ta gudanar a 2004 don zaɓen wasan barkwanci mafi soyuwa ga mutanen Birtaniya, Only Fools and Horses na John Sullivan ne ya zo na ɗaya, Blackadder na biyu, The Vicar of Dibley na uku.

Comic Relief da aikin jinƙai

A 1985, lokacin yunwar da ta addabi Habasha, Curtis ya ziyarci ƙasar. Da ya dawo sai suka kafa Comic Relief tare da ɗan barkwanci Lenny Henry, da haɗin gwiwar Jane Tewson mai aikin agaji. An ƙaddamar da gidauniyar ranar Kirsimeti ta wannan shekara, ta wani rahoto da BBC ta watsa kai tsaye daga sansanin 'yan gudun hijira a Sudan. Babban taronta shi ne Ranar Jan Hanci, wanda aka fara ranar 5 ga Fabrairu, 1988. Jama'a kan sayi jan hanci su maƙala, makarantu da ofisoshi su shirya wasannin tara kuɗi, da dare kuma BBC ta shafe sa'o'i tana nuna barkwanci gauraye da gajerun rahotanni daga wuraren da ake kai taimakon. A karon farko an tara fam miliyan 15. Zuwa 2015 jimillar abin da gidauniyar ta tara ta haura fam biliyan ɗaya.

A 2005 Curtis yana cikin jagororin gangamin Make Poverty History, mai neman a yafe wa ƙasashe matalauta bashi, a ƙara tallafi, a gyara dokokin ciniki. Ya yi aiki da mawaƙi Bob Geldof wajen shirya bukukuwan waƙa na Live 8, ya kuma rubuta fim ɗin talabijin The Girl in the Café, wanda aka nuna gab da taron ƙasashe takwas masu ƙarfin tattalin arziki da aka yi a Gleneagles ta Sukotilan a watan Yuli. A wannan shekarar ƙasashen suka amince a soke bashin da manyan cibiyoyin kuɗi na duniya ke bin ƙasashe 18, ciki har da Nijar da Gana da Mali da Habasha. A 2013 ya rubuta Mary and Martha, labarin mata biyu da zazzaɓin cizon sauro ya kashe wa 'ya'ya. A 2016 Majalisar Ɗinkin Duniya ta sa shi cikin masu yayata muradun ci gaba mai ɗorewa.

Finafinai

Fim ɗinsa na farko shi ne The Tall Guy na 1989. Wanda ya kai sunansa duniya kuwa shi ne Four Weddings and a Funeral na 1994, wanda Mike Newell ya ba da umarni, Hugh Grant ya ja. An yi shi da kuɗin da bai kai fam miliyan uku ba, ya kawo kusan dala miliyan 245, aka kuma sa Curtis cikin 'yan takarar lambar Oscar ta rubutu. Notting Hill na 1999, da Grant da Julia Roberts, ya zarce shi a kasuwa. Ya yi tarayya a rubutun Bridget Jones's Diary na 2001 da War Horse na 2011. Sau uku ya ba da umarni da kansa a manyan finafinai: Love Actually a 2003, The Boat That Rocked a 2009, About Time a 2013. Ya rubuta Yesterday na 2019 wa darakta Danny Boyle. Bai bar talabijin ba duk da haka, domin a 2010 ya rubuta wani kashi na Doctor Who a kan mai zane Vincent van Gogh. Yawancin finafinan nasa a kan soyayya da abota da iyali suke, kuma jaruminsa sau da yawa Bature ne mai kunya, wanda harshensa ke sarƙewa idan ya zo faɗin abin da ke ransa.

Suka

Masu sharhi sun daɗe suna cewa finafinan Curtis suna nuna Landan ta masu hali kaɗai, mai zaƙi fiye da kima. An fi kafa hujja da Notting Hill, wanda kusan babu baƙar fata a cikinsa, alhali unguwar ta shahara da mazauna 'yan asalin Karibiyan da bikinsu na shekara-shekara. A 2023, a wata hira da 'yarsa Scarlett ta yi da shi a bikin adabi na Cheltenham, ya yarda cewa ya yi kuskure a wannan, ya kuma nuna nadama kan zolayar ƙiba da ke wasu finafinansa. A 2010 wani ɗan gajeren fim da ya rubuta don gangamin sauyin yanayi, mai suna No Pressure, ya jawo fushi saboda ya nuna ana tarwatsa 'yan makaranta, aka janye shi cikin gaggawa.

Ita ma Comic Relief ba ta tsira ba. A 2019 ɗan majalisa David Lammy ya soki al'adar tura taurarin Turawa Afirka su ɗauki hoto da yara marasa lafiya, yana mai cewa hakan na dasa wa mutane tunanin cewa nahiyar ba ta da komai sai talauci da jiran mai ceto. A watan Oktoba na 2020 gidauniyar ta sanar da cewa ta daina wannan salo, kuma masu shirya fim 'yan Afirka ne za su riƙa ɗaukar rahotannin.

Iyali da karramawa

Curtis ya shafe shekaru fiye da talatin tare da Emma Freud, ma'aikaciyar watsa labarai wadda ke duba masa rubutu, suna da 'ya'ya huɗu, kuma sun yi aure a 2023. Ya samu lambar girmamawa ta CBE a 2000, da babbar lambar hukumar BAFTA a 2007. A watan Nuwamba na 2024 hukumar da ke ba da Oscar ta ba shi lambar Jean Hersholt saboda ayyukan jinƙai.

Ra'ayi ya rabu a kan finafinansa, amma ba a cika jayayya a kan aikinsa na talabijin ba. Marubuta kaɗan ne suka ƙware a barkwancin magana da barkwancin da babu magana a lokaci guda, kuma shi ya yi duka biyun cikin shekaru goma sha biyu, daga 1983 zuwa 1995.